Renon Magarya Daga Ƙwallo a Yankin Madakiya

Magarya itaciyar ƙasar fari ce, shi ya sa ta fi yawa a Katsina, Sakkwato da Maraɗi. Amma manomin Madakiya da kewayen Kafanchan ma zai iya cin moriyarta, musamman wajen shingen gonar citta, domin ƙayarta na tare awaki da shanu. Sai dai ka sani ruwan sama a nan ya fi na arewa yawa, ita kuwa ba ta son ƙasa mai kwanciyar ruwa. Zaɓi tudu mai yashi-yashi, ka guji fadama.

Zaɓen iri

A lokacin hunturu, tsinko nunannun 'ya'ya daga itaciya mai lafiya. Cire naman, ka wanke ƙwallayen, ka zuba su a ruwan gishiri. Waɗanda suka taso sama holoƙo ne, a zubar.

Fasa ƙwallo

Nan ne manoma da yawa ke yin asara. Ɓawon ƙwallon yana da tauri ƙwarai. Idan aka shuka shi yadda yake, sai ya yi wata guda ko fiye bai tsiro ba, wani ma ya ruɓe. Shanya ƙwallayen, sannan ka fasa su a hankali da guduma, ka fitar da ƙwayar ciki, wadda kan zo ɗaya ko biyu. Wadda ta fashe ba ta da amfani. Lafiyayya kan tsiro cikin mako guda zuwa biyu.

Shuka da dashe

A watan Fabrairu ko Maris, cika doguwar leda da ƙasa, yashi da ruɓaɓɓen taki. Saka ƙwaya biyu a zurfin santimita 2, ka riƙa ban ruwa. Idan duka sun fito, bar mai ƙarfin. Saiwar magarya na nutsawa da sauri, don haka kada ta wuce wata uku a leda. Dasa ta da zarar damina ta kankama: tazarar rabin mita don shinge, mita 6 don lambu. Kare ta daga dabbobi da gobarar daji a shekarar farko.

Idan don kasuwa ne

Itaciyar da aka shuka daga ƙwallo ba lallai ta gaji uwarta ba, kuma 'ya'yanta ƙanana ne. Mai son manyan 'ya'ya sai ya yi mata aure da reshen ingantaccen iri na Indiya, kamar Gola ko Umran, waɗanda cibiyar ICRISAT ta Sadore a Nijar ta yaɗa. Waɗannan sun fi ta gida kamuwa da tsutsar ƙuda, saboda haka ka riƙa kwashe 'ya'yan da suka zube kana binnewa.