Ɗan wasan tsakiya, zaɓi ƙungiyar da za ta saka ka a fili

Matashin da ke buga tsakiya, idan tayin ƙetare ya zo masa, ya fara tambayar inda zai riƙa buga wasa kowane mako kafin ya tambayi albashi. Ɗan gaba kan iya shigowa a mintuna goma na ƙarshe ya ci ƙwallo, sunansa ya fito. Shi kuwa ɗan tsakiya aikinsa karanta wasa ne, ya san lokacin tare hanya da lokacin sakin ƙwallo, kuma wannan ba a koyonsa a benci. Wilfred Ndidi ya bar Nath Boys ta Legas zuwa Genk ta Beljiyam a 2015, ya yi shekara biyu yana buga wasa a kai a kai, sannan Leicester City ta saye shi a 2017 ya shiga sahun farko kai tsaye. Rabi'u Ibrahim kuwa, duk da baiwarsa, ya ratsa Sporting da PSV da Celtic ba tare da samun gurbi ba, sai da ya koma Trenčín ta Sulobakiya ƙwallonsa ta dawo.

Wani zai ce ai Mikel Obi ya shiga Chelsea a 2006 yana matashi, ya kuma ɗauki kofin Zakarun Turai a 2012. Gaskiya ne, amma ya taka leda a Lyn ta Norway kafin nan, kuma a Chelsea an mayar da shi ɗan tsakiya mai taimaka wa 'yan baya, ya bar salon kai hari da aka san shi da shi. Batun kuɗi ma ba wasa ba ne ga mai iyali a gida, sai dai kwantiragi na biyu yakan fi na farko tsoka, kuma wasannin da ka buga ne suke yanke farashinsa.