Wane ne Oumarou Ganda?

Wani mai sauraronmu daga Maraɗi yana neman tarihin Oumarou Ganda da irin finafinan da ya yi.

To Malam, an haifi Oumarou Ganda a Yamai a 1935, Bazabarme ne. Tun yana saurayi ya shiga sojan Faransa, aka kai shi yaƙin Indochina. Da ya dawo aiki ya yi wuya, sai ya gangara Abidjan yana dako a tashar jirgin ruwa. A can ya haɗu da mai shirya fim Jean Rouch, wanda ya sa shi a fim ɗin Moi, un Noir na 1958.

Fim na farko da ya shirya da kansa, Cabascabo, daga rayuwarsa ya tsamo shi: tsohon soja ya dawo gida da ɗan kuɗi, abokai suka yanyame shi, aljihu na bushewa kowa ya watse. Sai Le Wazzou polygame, labarin wani Alhaji da ya dawo daga Makka ya nace sai ya yi ta uku da yarinyar da aka riga aka yi wa miji, kishi kuwa ya kai ga zubar da jini. Da shi ya ci babbar kyautar bikin finafinai na FESPACO a Wagadugu a 1972. A ganina ƙarfin Ganda shi ne da harshen Zabarmanci yake fim, mutanen unguwa yake nunawa, kuma bai ji tsoron taɓa masu fakewa da addini suna cutar mata ba.

Ya rasu ranar 1 ga Janairun 1981. Har yau FESPACO tana ba da kyauta da sunansa ga fim ɗin farko na sabon darakta.