Hoto Marar Motsi a Matsayin Shaida: Nazarin Salon Ken Burns

Ken Burns, Ba'amurke da aka haifa a 1953, ya yi fice da shirin The Civil War mai kashi tara, wanda tashar PBS ta nuna a 1990. An yi yaƙin basasar Amurka tsakanin 1861 da 1865, kafin samuwar hoto mai motsi. Don haka Burns ya dogara ga tsofaffin hotuna, yana tafiyar da kyamara a kansu sannu a hankali, ta kusanci fuska ko ta ja baya, yayin da ake karanta wasiƙun sojoji. Dabarar ta shahara har kamfanin Apple ya laƙaba mata sunansa.

Sai dai taushin kiɗa da natsuwar muryar mai ba da labari kan sa mai kallo ya karɓi fassarar mutum ɗaya tamkar hukuncin tarihi. Masana sun soki fifikon da aka bai wa marubuci Shelby Foote, wanda ya danganta yaƙin da gazawar sasantawa, a kan Barbara Fields, wadda ta tsaya a kan batun bauta.