Kwaikwayon Ba'a a Talabijin: Nazarin Salon Zambo a Shirin Brass Eye

Brass Eye shiri ne na barkwanci da Chris Morris ya ƙirƙira, wanda tashar Channel 4 ta Birtaniya ta nuna kashi shida a shekarar 1997. Shirin ya ari kamannin binciken ƙwaƙwaf na 'yan jarida: kiɗan fargaba, murya mai kaushi, zane-zanen alƙaluma marasa ma'ana, da mai gabatarwa da ba ya ko murmushi. Wannan nazari na ganin cewa abin da ake yi wa zambo a nan shi ne sigar labarin kanta, wato yadda take sa a gaskata magana tun ba a auna ta ba.

Kashin da ya shafi miyagun ƙwayoyi ya fi fito da wannan fili. An ƙago wata ƙwaya mai suna Cake, aka ce daga Gabashin Turai take shigowa, sannan aka nemi fitattun mutane su ja kunnen matasa a kanta. Suka yi hakan a gaban kyamara da zuciya ɗaya. Ɗan majalisa David Amess har tambaya ya gabatar a majalisar dokoki game da ƙwayar da ba ta wanzu ba. Babu wanda ya tilasta su. Shiga irin ta aikin jarida kaɗai ta isa ta ɗauke musu shakka.

Mai nazarin adabin Hausa zai tuna da 'yan kama, waɗanda kan ari karin wa'azi su cika shi da zancen abinci. Sai dai akwai bambanci. Mai sauraron ɗan kama ya san wasa ake yi, alhali baƙin Morris ba su sani ba, kuma rashin sanin nasu shi ne hujjar shirin. Nan ne tambayar ɗa'a take: shin halas ne a yaudari mutum don a tona saurin yardarsa?

A 2001 aka nuna kashi na musamman kan yadda jaridu ke ruruta fargabar masu lalata da yara. Ƙorafe-ƙorafe suka yi yawa, hukumar kula da talabijin ta umarci tashar ta nemi afuwa, wata ministar gwamnati kuma ta la'anci shirin, daga baya ta amsa cewa ba ta kalle shi duka ba.