Filin Gwaggo: Gardamar tsarin mulkin Amurka ta haɗa ni da wanda zan aura

 Ni ɗaliba ce mai karatun lauya, an sa ranar aurena bayan babbar Sallah. Wanda zan aura tarihi ya karanta. Ranar nan a gidan yayarsa hira ta kai mu ga tsarin mulkin Amurka, na ce tushensa littattafan John Locke da Montesquieu ne, kamar yadda aka koya mana. Sai ya kwashe da dariya a gaban mutane, ya ce hadda kawai na iya, wai attajirai masu bayi ne suka zauna suka tsare dukiyarsu, sauran duk ado ne. Tun ranar ban ɗaga wayarsa ba. Wa ke da gaskiya? Kuma in na yi shiru, ba zai raina ni ba?

Ɗaliba daga Zariya

To, 'yata. Allah ya sanya alheri, ya kai mu lokacin. Bari in fara da mutanen da suka rubuta tsarin a Filadelfiya, don maganarsu ta fi sauƙi.

Abin da kika faɗa ba ƙarya ba ne. Littafin Montesquieu, Bafaranshe, ya fito a 1748, kuma a cikinsa aka fi jin bayanin raba iko tsakanin masu yin doka da masu zartarwa da alƙalai. James Madison ya ambace shi da suna a cikin maƙalu 85 da shi da Hamilton da Jay suka rubuta don shawo kan mutanen New York su karɓi sabon tsarin. Locke kuwa, hannunsa ya fi fitowa a takardar ayyana 'yancin kai ta 1776 fiye da kundin tsarin mulki na 1787. Ki riƙe wannan, ɗalibai da yawa kan cakuɗa su.

Sai dai ba littafi ne ya tara mutanen nan ba, tsoro ne. Tsarin da suka fara aiki da shi a 1781 ya ba su majalisar ƙasa wadda ba ta da ikon karɓar haraji, sai dai ta roƙi jihohi, su kuma su ba da abin da suka ga dama, ga bashin yaƙin neman 'yanci a wuya. A 1786 manoman yammacin Massachusetts, waɗanda bashi ya yi wa katutu, suka ɗauki makami suka hana kotuna zama, da wani tsohon soja Daniel Shays a gaba. Bayan wannan ne wakilai 55 suka hallara a Filadelfiya a 1787, suka yi shawara a asirce har tsakiyar Satumba.

Kuma ba da hannu wofi suka je ba. Tun 1619 akwai zaɓaɓɓiyar majalisa a Virginia, wato sun daɗe suna jayayya da gwamnonin sarkin Ingila kan kuɗin haraji. Sun gaji dokar Ingila, daga Magna Carta ta 1215 zuwa dokar haƙƙoƙi ta 1689. Hanin da aka yi na tsawwala beli da azabtar da mai laifi a gyare-gyaren da aka yi wa kundin a 1791, kusan kalma da kalma daga ta 1689 aka ɗauko shi. John Adams ma ya riga ya raba iko uku a tsarin jiharsa tun 1780, sun ga yadda abin ke tafiya da idonsu.

Madison ya fi kowa shiri. Jefferson ya aiko masa da littattafai daga Faris, ya zauna ya bi tarihin tarayyoyin da aka taɓa yi, na Girkawan da, da na Suwizalan da Holan, yana neman abin da ke raunana su. Duk da haka aka kayar da shi a babbar magana. So ya yi a raba kujerun majalisun ƙasa biyu bisa yawan jama'a, ƙananan jihohi irin Delaware suka ce sam, aka ƙare da sanata biyu ga kowace jiha, babba ko ƙarama. Babu masanin falsafar da ya rubuta haka. Ciniki ne aka yi, irin na kasuwa, kowa ya rage ya ƙara.

Shi kuma angon naki da ke miki gorin hadda, maganarsa ba tasa ba ce. Ta Charles Beard ce, a littafinsa na 1913, kuma a 1958 Forrest McDonald ya bi dukiyar wakilan ɗaya bayan ɗaya ya nuna ƙuri'unsu ba su bi aljihunsu yadda Beard ya zana ba. George Mason yana da bayi masu yawa, amma ya ƙi sa hannu, babbar hujjarsa rashin jerin haƙƙoƙin jama'a. Inda angon ya yi daidai, kuma kada ki musa masa, shi ne bauta. An lissafa bayi biyar a matsayin mutum uku wajen rabon kujeru, an hana majalisa haramta shigo da bayi kafin 1808, kuma Washington da Madison duk masu bayi ne. In kin zama lauya a ƙasar nan tamu da ta ari wannan fasali a 1979, dole ki san wannan ɓangaren ma.

Yanzu ga abin da ya sa kika rubuto. Ba Montesquieu ne ya hana ki ɗaga waya ba, dariyar da aka yi miki a gaban dangin miji ce. Shirun nan ba ya gaya masa komai, yana can yana zaton gardamar ce kika kasa. Ki ɗaga. Kada ki buɗe da tarihi, ko da kuwa yanzu kina da abin da za ki rufe masa baki da shi. Ki ce masa, ku biyu kawai, musun ilimi ba ya damunki, amma ba ki yarda ya muzanta ki a gaban mutane ba. In ya ba ki haƙuri, ki karɓa, kada ki ja. In ya sake dariya ya ce ba ki san wasa ba, ki sanar da mahaifiyarki tun kafin a fara raba goron biki.