Ciyawa Mai Harbi a Gonakin Kurmi: Yadda Za Ka Gane Ta Ka Kawar da Ita

Gabatarwa

Manomi ko malamin gona da ke aiki a kurmin kudancin Nijeriya, musamman jihohin gaɓar teku kamar Legas, Ondo, Delta da Kuros Riba, ba zai rasa haɗuwa da wannan ciyawa ba. Masana tsirrai na kiran ta Laportea aestuans. Shekara guda take rayuwa, kuma ta iri kaɗai take yaɗuwa. A nan lagonta yake: in ka hana ta zubar da iri bana, ka rage wa kanka wahalar baɗi.

Kamanninta

Tsawonta kan kai mita 1. Kararta mai taushi ce, cike da ruwa, wani lokaci da ɗan ja-ja. Ganyenta mai faɗi ne, bakinsa kamar haƙoran zarto. Furanninta ƙanana ne, kore-kore, suna fitowa a tattare daga inda ganye ya haɗu da kara. Tana son inuwa, danshi da ƙasa mai taki, shi ya sa za ka fi samun ta a ƙarƙashin koko, goro da ayaba, da gefen juji. Kada ka ɗauke ta karara ce: karara yaɗo take yi, kuma ƙaiƙayinta a jikin kwanso yake.

Illarta

Gashin da ke jikinta tamkar allura yake. Da ka taɓa shi sai tsininsa ya karye, ya zuba ruwa mai raɗaɗi a fata. Wannan kan sa ma'aikata su riƙa tsallake inda ta yi yawa, ita kuwa ta samu damar yin iri. Haka kuma tsutsar saiwa, wadda ido ba ya gani, takan fake a saiwarta, daga nan ta koma kan ayaba.

Matakan kawar da ita

1. Ka yi nome da farkon damina, kafin ta yi fure.
2. Ka sa safar hannu, riga mai dogon hannu da takalmin roba.
3. Saiwarta ba ta da zurfi. Ka tuge ta gaba ɗaya lokacin da ƙasa ke da laima.
4. Wadda ta riga ta yi iri, ka fitar da ita daga gona, kada ka zuba ta a ramin taki.

In ta harbe ka

Kada ka sosa. Ka wanke wurin da sabulu da ruwan sanyi. Raɗaɗin zai lafa da kansa. Amma in fuska ta kumbura ko numfashi ya yi wuya, a garzaya asibiti.

Malamin gona, ka nuna wa manoma ciyawar ido da ido tun tana ƙarama, domin a lokacin ne cire ta ya fi sauƙi.