Okid ɗin Daji Ba Na Tukunya Ba Ne

Sana'ata renon tsirrai a ɗakin gwaji, musamman dangin furannin da ake kira okid. Tambayar da aka fi yi mini ita ce yadda mutum zai tono wanda ya gani a daji ya kai gida ya rayu. Amsar ba ta yi wa masu tambaya daɗi: kada a tono shi. Hujjata kuwa ita ce Cypripedium calceolus.

Wannan okid a ƙasa yake tsira, ba a jikin bishiya ba. Gidansa dazuzzukan tuddai masu dutsen farar ƙasa, daga Turai har Saiberiya. Yana fure a watan Mayu da Yuni: wani kumburarren aljihu ruwan ɗorawa, kewaye da murɗaɗɗun ganyaye masu duhun ja. Babu ɗigon zuma a cikinsa, yaudara ce zalla. Ƙananan ƙudan zuma masu haƙa rami a ƙasa, dangin Andrena, sukan zame su faɗa aljihun, su rasa mafita sai wata ƙuntatacciyar hanya ta baya, inda garin fure ke manne musu. Sai ƙudan ya sake ruftawa a wani furen kafin a samu iri. Ba kullum ake dacewa ba.

Wahalar ma ba ta fara ba tukuna. Ku fasa gyaɗa, za ku ga guzurin da tsiro zai ci kafin ya yi ganye. Irin okid bai zo duniya da guzuri ba. Ƙura ce kawai, dubbai a kwanso guda, iska ta kwashe. Wanda ya faɗi a ƙasar da ke da naman gwarin da ya dace da shi ne kaɗai zai tsira, domin zaren naman gwarin ne ke shiga cikinsa ya ciyar da shi. Yakan yi shekara 3 ko 4 a ƙarƙashin ƙasa kafin ganyen farko ya leƙo, fure kuma sai bayan shekara 6 zuwa 10, wani lokaci fiye. Mai shebur yakan raba shi da duk wannan cikin minti biyar, ya kakkarya saiwarsa mai gautsi. Akasari tsiron ba ya daɗewa a tukunya, wurin da aka ciro shi kuma ya rasa uwar iri.

Ingila ta ga ƙarshen wannan ɗabi'a. Masu tara furanni na ƙarni na 19 sun yi ta tono shi, har a 1917 aka yanke cewa ya ƙare a ƙasar. A 1930 aka tsinci guda ɗaya tak a tuddan Yorkshire. Aka ɓoye wurin, aka sa masu gadi a lokacin fure, dokar kare halittun daji ta 1981 kuma ta haramta taɓa shi. A 1983 lambun bincike na Kew ya buɗe shirin renon okid, amma irin ya yi ta gardama, sai da aka koma ɗibarsa tun kwanson yana ɗanye, ana shuka shi a kwalba kan wani haɗin abinci da ke maye gurbin naman gwari. Da hanyar muke aiki har yau, kuma aiki ne mai cin rai: ƙwayar cuta guda ta shiga kwalba, aikin watanni ya tafi. Da aka mayar da tsirran da aka rena cikin daji ma, sai a 2024 aka ga sabon tsiro ya fito da kansa a ɗaya daga cikin wuraren da aka dasa su.

Ba ɓarayi kaɗai ke kashe shi ba. Yana son inuwa mai ratsin rana, don haka aske daji ƙaf yana ƙona shi, barin daji ya rufe ruf kuma yana hana shi fure. Har masu ɗaukar hoto suna da nasu laifin, domin suna tattake ƙananan tsirran da ba su gani ba, sannan su sa hoton a Facebook da sunan wurin. A ganina wannan ya fi shebur haɗari yanzu.

Idan kuna son sa a lambu, ku sayi wanda aka rena a ɗakin gwaji, ku nemi shaidar hakan. Ƙetare iyakar ƙasa da okid na ƙarƙashin yarjejeniyar CITES, sai da takardar izini.

Wannan nau'in ba ya tsira a Najeriya, amma muna da namu okid na ƙasa, dangin Habenaria da Eulophia, a tuddan Jos da Mambila, kuma irinsu ma da naman gwari yake tashi. Wanda ya gamu da su da damina ya ɗauki hoto daga inda yake tsaye, ya kashe alamar wuri a wayarsa, ya kai bayanin ma'adanar tsirrai ta Jami'ar Ahmadu Bello da ke Zariya ko ta cibiyar binciken gandun daji da ke Ibadan.